Malam A-Sake da Wutsiyar Kaset

Tun kafin mai shara ya gama da baranda za ka tarar da shi a ɗakin ɗaukar wasa na gidan talabijin, ya tuɓe takalmi, yana tsallake wayoyin da ke ƙasa kamar mai gudun ƙaya. Zai shafa kowace fitila da bayan hannu, ya leƙa idon kyamara, ya matsar da kujera, ya ja da baya ya harare ta, ya mayar da ita inda take. Sannan ya zauna ya jira mu. Haka daraktan nan ya yi tun gashinsa yana baƙi wuluk har ya koma fari fat. Sunansa na gaskiya ma ya ɓace mana. A-Sake muke ce masa, don ba ka isa ka gama fitowa bai ce maka "a sake" ba.

Ni kuwa ni ne Baba Gawa. Ban taɓa zama a aji ba, 'yata ce ke rubutawa ina faɗa, amma babu ɗan wasan da aka kashe a talabijin kamar ni. An harbe ni, an ba ni guba, an jefa ni rijiya, gari na wayewa in tashi in sha shayina. Ranar da motarmu ta kife da gaske muna dawowa daga ɗauka, da ƙafata na fito ta taga, har na jawo wasu. Saboda haka in na buɗe baki a saurara. A-Sake ne ke ja na gefe ya karanta mini abin da zan faɗa, a hankali, yadda ba wanda zai gane. Ni kuma sau ɗaya ake gaya mini.

Ga abin da yake yi wanda ban ga wani darakta ya yi ba. Kaset ɗin da muke ɗauka da shi a da ƙato ne kamar bulo, kuma in wasa ya ƙare akan samu ɗan sauran zare a ƙarshe. Shi muke kira wutsiya. Maimakon ya kashe kyamara, sai A-Sake ya juya ta baya, ya haska mutanen da ba a gani: mai riƙe sandar sauti, direba, mai kwalliya, mai dafa mana abinci, mai fitila a kan tsaninsa. Ya ce kowa ya yi magana. Manajojin da aka yi sun sha yi masa faɗa wai yana wasa da kayan gwamnati. Ya ce, "To, ranka ya daɗe." Gobe ya sake.

Mai Fitila bai fito daga motar nan da ta kife da rai ba. Ya bar matarsa da ciki, ta haifi mace.

Bara na je asibiti gwajin suga, wata nas ta tsura mini ido ta ce, "Baba, ba kai ne Gawa ba?"

Na ce, "Ni ne, 'yata, amma yau ban zo mutuwa ba."

Ta yi dariya, sai kuma idonta ya ciko. Ashe 'yar Mai Fitila ce. Ba ta taɓa jin muryar ubanta ba, hoto ɗaya gare ta, shi ma damshi ya cinye rabin fuskar. Na kai ta wajen A-Sake, wanda bai daɗe da ritaya ba. Ku ji sallamar da aka yi masa: agogon bango! Mutumin da ya cika muku akwatin talabijin da dariya, aka tara mutane, manaja ya ɓata jawabinsa wajen gode wa masu talla, aka miƙa masa agogo, wai ya je gida ya riƙa kallon lokaci. Tir!

Ya dubi yarinyar ya ce, "Babanki yana nan a wutsiya. Gobe za mu ɗauko shi."

Washegari muka isa gidan talabijin, sabon mai gadi ya tare shi wai wajen wa ya zo. Da ƙyar muka shiga. Ɗakin kaset babu komai sai ƙura da masu fenti, za a mayar da shi ofishin talla. Kaset-kaset ɗin kuwa suna bayan gini kusa da janareta, an jibge su kamar shara, ruwan sama ya bi ta kansu, takardun sunayen duk sun ɓare.

Sabon manaja ko tashi bai yi ba. Ya ce, "Baba, kwantar da hankalinka, duk mun kwashe a kwamfuta."

"Har da wutsiya?"

"Wace wutsiya? Au, shirmen nan na ƙarshe? Ai yanke shi aka yi. Wa zai kalli direba?"

Na ce, "Yallaɓai, direban nan ne ya kawo wasan da kake taƙama da shi!" Na ɗaga sandata, A-Sake ya riƙe mini hannu.

Manaja ya ɗaga kafaɗa. "Masu sayen tarkace za su zo da la'asar. In kuna so ku riga su."

A-Sake bai san wane kaset ba ne, babu suna ko a guda. Sai ya cire rigarsa ya ce, "Duka." Tsoho mai ciwon baya ya riƙa runguma yana kaiwa motar haya, ni ina bin sa da nawa, don har yau ƙarfina na nan, ku tambaya. Muna ɗora na ƙarshe motar masu tarkace na shigowa. Ma'aikata suna leƙe ta taga, babu wanda ya sauko.

Da muka sauke a gida, uwargidansa ta riƙe haɓa. "Malam, na ce ka bar gidan talabijin, shi ne ka kwaso mini shi falo? Ina baƙi za su zauna?"

"A kan kaset," in ji shi.

Kai ne, A-Sake, ka nemo tsohon injin da kowa ya yar, ka tayar da shi. Kai ne ka zauna makonni kana goge fumfuna da tsumma, zare ya tsinke ka liƙa. Da yawa sun mutu murus, ka riƙa sa su a gefe kana kau da kai don kada mu ga idonka. Kullum yarinyar ta taso aiki ta biyo da fararen kayanta, ka ce mata, "Ba yau ba, 'yata," ta tafi. Ni har na fara cewa a haƙura. Kai ba ka ce ba.

Wata rana da hantsi ya aiko mana. Muka zauna, ya tura kaset. Wasan ya ƙare, ga ni kwance an kashe ni, kuma na mutu da kyau. Hoto ya girgiza, kyamara ta juya. Ga Mai Fitila a kan tsani, gumi na zuba, yana kare ido da hannu.

"Haba darakta, har da ni? Tsaya in gyara hula. To, a gaida mutuniyar. A ce mata in namiji ta haifa, ga tsani ya gada. In mace ce kuwa, don Allah kada ta auri ɗan fim!"

Hoton ya ɗauke. Yarinyar ta toshe baki, dariya da kuka sun haɗe mata. Da ta samu murya sai ta ce, "Baba, a sake."

Ya mayar. Ta ce a sake. Ya mayar, har azahar ta yi.

Tun ranar falon nan bai huta ba. Matar direba ta zo, jikokin mai kwalliya sun zo, uwargida na ƙorafi tana zuba musu ruwa. Gidan talabijin kuwa ko sannu ba su aiko ba, kuma ina so su ji cewa ni Baba Gawa na faɗa, ban janye ba.

Abu ɗaya ya tsaya mini a rai. Mun kalli wutsiyoyin nan kaf, kowa na ciki, har mai gadin da. Mutum ɗaya ne babu, wanda ke riƙe da kyamarar. Da na faɗa, 'yar Mai Fitila ta zaro wayarta ta saita shi. Gwanin sa mutane magana sai ya sunkuyar da kai yana gyara wuyan riga.

Mun gode, Malam A-Sake, Allah ya ƙara maka lafiyar baya. Ku kuma yaran yanzu masu ɗauka, ba ku da ƙarancin zare kamar mu, babu uzurin da za ku kawo mini. In kun gama da taurarinku, ku juya kyamarar baya. Akwai mutum a kan tsani, kuma yana da 'ya.