Ango Riskuwa, Wanda Aka Binne a Majigi

Da hantsi Ango Riskuwa yakan zauna bakin ruwa a Kaoje yana ɗaure tsirkiyar gurminsa. Murya ta dushe, ya ce bana ya ajiye waƙa. Ni da karatuna bai yi nisa ba, na daɗe ina kallonsa ina mamakin mutumin da ya ga jana'izarsa.

Shekarun 'yancin kai masu majigi suka ɗauke shi wasa. Ya fito a matsayin mai gudun lamba, wato rigakafin agana, har agana ta kashe shi. Da aka nuna a Lolo, abin magana ya lalace, hoto kawai ke motsi. Mutanen da suka ƙetaro daga Dahomey suka ga mai lamba ya bi Ango, sai kuma suka ga makara. Suka ce ai mai lamba ne ya kashe shi.

Ranar kasuwa suka kewaye Maliki, malamin lambar da suka gani a majigin, da filafilan tuƙa jirgi da sanduna. Ina tsaye wajen masu kifi. Agana ta riga ta shiga ƙauyen Sharabi, ga shi ba uwar da za ta miƙa ɗanta a yi masa lamba. Wani ya buge akwatin Maliki, wani ya shaƙe masa riga.

Sai muka ji gurmi. Ango, kai ne ka ratso taron nan a hankali, mutane na ja da baya suna salati.

Wata tsohuwa, Mairama, ta nuna ka da sanda. "Da idona na ga anka sa ka rami!"

"Inna, ramin wanga ba fura cikinai, shi ya sa na dawo."

Ba wanda ya yi dariya. Mai riƙe da Maliki bai sake shi ba.

Ka ci gaba da waƙa, ka naɗe hannun riga. "Sake mai hannu guda ya yi man lamba, in na faɗi ku gama da shi."

Maliki ya tsaga ka a damtse. Ka kai baiti ƙarshe, ka ɗauko wani.

Mairama ta matsa damtsenka ta ji ɗumi, ta jawo jikarta gaban Maliki. "Yi mata. Shi kuwa kar ya bar waƙa sai an gama."

Ba ka bari ba har la'asar.

Mun gode, gurmin bakin ruwa. Masu wasa na yanzu, idan wasanku ya jefa wani cikin wuta, ku je da ƙafarku ku fito da shi.