Waya a Jikin Randa

Yawancin mutane sun ɗauka gyara ƙari ne: abu in ya gaza, sai su ɗora masa wani nauyin. Kaɗan ne suka san akwai gyaran da ragi ne zalla. Armaya'u, manomin gero a Zakka ta ƙasar Safana, yana cikin kaɗan ɗin.

Yayansa Almustapha ya gamu da shanyewar ɓarin jiki. A asibiti aka ce lallai ya riƙa motsa yatsun hannun dama, in ba haka ba su sandare. Duk abin da aka kawo masa ya ƙi, sai wani tsohon wasan tseren mota da suka yi a talabijin suna samari. Akwatin wasan kuwa ya daɗe da mutuwa. Wani mai gyaran waya a Batsari ya zuba wa Armaya'u manhajar da ke sa waya ta kwaikwayi akwatin, ya haɗa masa da madannai na riƙewa, ya nuna masa wata lamba a kusurwa: yawan hotunan da ke wucewa a daƙiƙa. Sittin ake so. Tasu sha takwas take nunawa.

Motar ta yi ta sarƙewa tana dukan katanga. Almustapha ya ajiye madannan ya ce, "Hannun nan ya mutu. Bar wahalar da kanka."

"Yaya, ba hannunka ba ne. Ba ni kwana uku."

Armaya'u bai yi nisa a boko ba, amma ya san rami ɗaya ba ya raya gero goma. Ya bi saitin manhajar kamar mai rage shuka: ya sassauta kaifin hoto, ya kashe inuwa, ya rufe sauran manhajoji, ba ya taɓa biyu a tare sai ya ga abin da lambar ta ce. Ta kai hamsin, amma da wayar ta ɗau zafi sai ta faɗo. Ya yi nazari, ya cire mata riga, ya jingina ta da jikin randa mai sanyi.

Rana ta uku lambar ta tsaya a sittin, ba ta girgiza ba. Armaya'u yana tsaye ya ga motar ta sha kwana daidai lokacin da yatsan yayansa ya danna. Almustapha ya daɗe yana kallon hannunsa, sannan ya ce, "Ashe da ransa."

Kafin kaka, da damansa yake cin tuwo. Armaya'u kuwa an yi ta matsa masa ya buɗe shago a Batsari, ya ƙi, ya ce shi don mutum ɗaya ya koya. Yana nan Zakka yana nomansa.