Abin da Fumfuna Ta Rage Mana na Yohanna

Damina tara ke nan da muka binne mijina Yohanna, mai ɗaukar fim da ba da umarni, kuma sai bana na gane ɓarnar da na yi masa da hannuna.

Duk wanda ya yi aiki da shi a Samaru ya san halinsa. Ba ya shiri da fitilar ɗaukar hoto, wai tana mai da fuskar baƙin mutum kamar an shafa mata toka. Sai ya tara 'yan wasa a bakin kasuwa tun azahar, ya ƙi ɗaukar komai sai rana ta karkata. A zage shi, a yi fushi a tafi, ko a jikinsa. In an gama fitowa kuma ba ya kashe kyamara nan take, yakan bar ta a kan fuskar mutum. A ganinsa, sai ɗan wasa ya zaci an gama sannan fuskarsa ta gaskiya ke fitowa. Ni kuwa ɓarnar kaset na ɗauki abin, kuma na sha faɗa masa.

Yau ɗalibai na ɗaukar fim da waya a kan titinmu, tsakar rana tsaka, hoto bai gama zama ba an yanke. Da yana nan da ya yi tsaki, amma na san da sai ya tsaya ya gyara musu tsayuwa.

Da ya rasu, na adana kaset-kaset ɗinsa yadda nake adana zannuwana: na ɗaure a leda tam, na zuba kafur, na rufe a akwatin ƙarfe ƙarƙashin gado. Ban sake buɗewa ba, zuciyata ba ta iya ɗauka. Bana 'yarmu Ladi, wadda nake goye da ita lokacin da ya rasu, ta ce tana so ta ga aikin babanta, ta ji muryarsa. Muka buɗe, fumfuna ta cinye su fari fat.

Wani mai gyaran rediyo a Sabon Gari ya ce ledar ce ta riƙe danshi duk shekarun nan. Ya yi mako biyu yana fama, abin da ya ceto bai kai minti ɗaya ba. Ba ma fim ba ne. Ni ce zaune a ƙofar ɗaki da yamma ina tsince shinkafa, ina harararsa. Sai muryarsa daga bayan kyamara:

"Maman Ladi, kar ki motsa, hasken ya zo."

Na ce, "Kashe abin nan, kana ɓata kaset."

Mutumin da ba ya kashe wa kowa kyamara, ni ya kashe mini. Wallahi abin nan yana cina.

Sauran aikinsa na shekara da shekaru ya tafi, fuskarsa kuma ba ta cikin ko ɗaya, don kullum yana baya. Ladi ta sa an tura mata guntun a waya. Tana kaiwa inda na buɗe baki sai ta mayar da shi farko.