Dila Mai Aron Murya

A gidanmu na Tudun Wada, in an sauke tuwo, kakarmu Inna Yalwa ba ta yarda a kashe murhu. Sai ta tura gyaɗa cikin toka, mu jikoki mu zagaye ta. Ba ta da haƙuri ko kaɗan. "To ga ta nan," in ji ta, "wanda ya yi gyangyaɗi shi ya jiyo, ba na maimaitawa."

Ni ne ɗan neman magana a cikinmu. Tana magana ina kwaikwayonta ta baya, har tarinta. Ranar da ta kama ni ba ta dake ni ba, sai ta ba mu labarin dila.

Wai dila ya iya muryar kowa. Ya yi muryar zaki, awaki su watse. Ya yi ta zakara, ladan ya fito lokaci bai yi ba. Rannan sai ya faɗa tsohuwar rijiya. Ya yi ihu da muryar akuya, aka leƙa turke, akuya na nan. Ya yi da ta jaki, jaki na nan yana cin harawa. Can ga uwarsa ta zo wucewa, ta ce, "In ɗana ne, ya kira ni da muryarsa." Dila ya buɗe baki, sai ga carar zakara.

"Ya fito, Inna?" na tambaye ta.

"Je ka leƙa," ta ce, tana hararata.

Na girma, abin ya zama sana'a. Ina barkwanci a wajen biki da bidiyon waya, ina kwaikwayon kwandastan tashar Kwangila, mai tallan maganin basir, da Inna Yalwa kanta, Allah ya jiƙanta, wadda ta fi kowa tara min jama'a. Sunana Sani, amma Kaka ake ce min har a masallaci.

Bara na nemi auren Bilkisu, 'yar wani Malam a unguwar Hanwa. Ya aiko in je ya ji ta bakina kafin ya amsa wa manyana. Wallahi ban taɓa jin tsoro irin na ranar ba. Na durƙusa, na ajiye wasa, na ce ina son 'yarsa tsakani da Allah, zan riƙe ta amana.

Ƙannensa biyu da ke falon suka tuntsire da dariya. Malam ya gyara tabarau.

"Kaka, wannan kuma wa kake kwaikwayo?"

"Ni ne, Baba."

"A'a, wannan ba ka iya shi ba. Yi mana kwandastan nan."

Na yi kuwa, har Malam ya share hawaye. Da zan tafi ya ce yana jin daɗina ƙwarai, amma shi ba zai ba kwandasta 'yarsa ba, balle tsohuwa. Wai in koma in turo masa Sani.

Na yi dariya a gabansa, a hanya kuwa zuciyata ta karye. A da na ɗauka Inna tsorata ni kawai take yi don in bar tsokanarta. Yau wata shida ke nan, kullum da safe ina gaban madubi ina gwajin Sani. Jiya Bilkisu ta saurare ni a waya, ta ce in ƙara ƙoƙari, na kusa kama shi.