Kan Ɗan Sama Jannati a Hanyar Jidda

Shekarar da ƙanena ya gama karatun likita a Rasha, ya dawo mana unguwar Shisha a Makka da akwati biyu da gemun da bai tafi da shi ba. Ni na goya shi bayan rasuwar mahaifiyarmu, saboda shi na bar makaranta a aji shida. Don haka da ya ce tsarabata ta fi ta kowa, ban yi mamaki ba. Na ɗauka bargo ne, har ina tunanin wace rana zan lulluɓa da shi a zafin Makka.

Sai ya kwance takarda ya fito da wani ɗan mutum na ƙarfe, tsaye a kan dogon ginshiƙi, duka-duka kamu ɗaya da rabi. Ya turo ƙirji, ya ware hannuwa baya, kamar ɗan damben da ke jiran kirari.

"Yaya, wannan shi ne mutum na farko da ya fita duniya, ya zagaya ta, ya dawo. Babban irinsa yana tsakiyar birninsu, ya fi hasumiyar masallacinmu tsawo. Shekara shida ta ƙarƙashinsa nake wucewa zuwa makaranta. Duk ranar da jarrabawa ta tsorata ni, sai in ɗaga kai in ce wannan ma ya je ya dawo."

"To me ya samo a can?"

"Ba kasuwa ya je ba, Yaya."

"Mutum ya yi wannan uwar tafiya, ko dabino bai riƙo wa mutanen gida ba, kuma har a gina shi?"

Ya yi dariya, ya ɗora shi a kan kanta a ɗakin baƙi, ya koma Jidda inda ya sami aiki a wani asibiti.

Ni mace ce da ke sake alwala sau uku in na yi shakkar diddige ɗaya. Da la'asar ta yi na shimfiɗa darduma, na ɗaga hannu zan kabbara, sai ga mutumin nan a gabana daidai alƙibla, ya ware hannuwa kamar shi zai ja sallar. Na ɗauke shi na kai madafa. Amma madafa ma gida ce, kuma tun muna yara mun san mala'ikun rahama ba sa shiga gidan da aka ajiye mutum-mutumi. Na riƙa ganinsu a raina jere a kan matakala, kamar masu kawo tukunyar gas da aka ƙi buɗe wa ƙofa. Na zura wa mutumin safar maigidana tun daga kai har ƙasa.

Maigidan, wanda direban tasi ne kuma ba abin da ke hana shi barci, ya dubi safar ya ce, "Su mala'ikun ba sa gani ta cikin safa ne?"

Kwana biyu ina fama da wannan, sai wata babbar damuwa ta faɗo min. Na buga wa ƙanena waya.

"Wannan baƙon naka, musulmi ne?"

"A'a, Yaya. Me ya faru?"

"Ba komai. Ta ina ya shigo?"

"Ta hanyar Jidda mana, cikin akwati."

Wato ya wuce allon nan da ke cewa wanda ba musulmi ba ya ratse, ya wuce 'yan taftish da ke duba takardu, an sauke shi a gidana cikin iyakar Harami. Muna da maƙwabta masu salla biyar da nafila, shekara talatin ba iƙama, wato takardar izinin zama, ko jiniya suka ji sai su ɓuya. Shi kuwa ko shahada ba shi da ita, ga shi a kusa da tukunyata sanye da safa.

Jefar da shi ba zai yiwu ba, ƙanena zai tambaya. Amma na sha ji a wajen karatu cewa in aka cire wa irin wannan abu kai, ya zama kamar kututture. Na sa maigida ya kai ni unguwar Rusaifa, shagon wani mai walda, dattijo mutumin Maradi. Ya jujjuya shi a hannu.

"Hajiya, mi ya yi maki?"

"Bai yi min komai ba."

"Tun ina saurayi nike yankan ƙarhe, ban taɓa hille wa mutum kai ba. In yi bisimilla?"

"Ba rago ba ne, amma yi."

Ya yi, ya yanke, ya sa min kan a tafin hannu da sauran zafinsa. Bai fi goro ɗaya ba.

A mota na ga ban rabu da komai ba. Fuskar ɗan wani ce, ba zan jefa ta a shara tare da ƙashin kaza ba. Binnewa kuma, ina ni ina binne wanda ba musulmi ba a ƙasar Harami?

"Ya shekha, halas, ya isa haka, miƙo in wurga ta taga," in ji maigida.

Na ƙi. Sai da ya bi hanyar Jidda da ni har muka wuce iyaka. Na naɗe kan a tishu, na tura shi ƙarƙashin wani dutse a gefen titi. Ban san addu'ar da ta dace ba, sai na ce masa a huta gajiya.

Ranar Juma'a ƙanena ya zo cin abinci kamar yadda ya saba. Na riga na mayar da gangar jikin kan kanta, na goge ta tana walƙiya. Ya tsaya ya daɗe yana kallo.

"Ina kansa?"

Na faɗa masa duka, ban rage ba. Maigida yana ta dariya har da tari.

"Kin fitar da kai daga Harami," in ji ƙanena. "Shi jikin musulunta ya yi?"

Wallahi ban yi wannan tunanin ba. Amma da na dubi fuskarsa sai na ga ba wasa yake ba.

"Littattafaina na bari a can don akwati ya ɗauke shi, Yaya. Da kin ce ba kya so, da na tafi da abina."

Ya naɗe jikin a jarida, ya fita ko shayi bai sha ba. Juma'a ta zo bai zo ba. Wata ta sake zuwa, ya aiko saƙo wai aiki ya yi yawa. Wannan yaro ko yana Rasha bai taɓa barin Juma'a ta wuce bai ji muryata ba.

Ranar Asabar na ce wa maigida ya tayar da mota. Duwatsun hanyar Jidda kuwa duk uwarsu ɗaya ubansu ɗaya. Na ɗaga ya fi hamsin da rana tsaka, masu motoci suna rage gudu suna kallon wata mata cikin abaya tana tonon gefen titi. Maigida yana zaune cikin sanyin mota yana nuna min da baki, "Wancan, a'a, na bayansa." Wajen azahar na same shi, tishun ya zama ƙasa, fuskar tana nan yadda take.

Komawa da shi Makka ba zai yiwu ba, sai muka miƙe Jidda. Ƙanena ya buɗe ƙofa, na miƙa masa. Ya dubi kan, ya dubi hannuwana da suka yi butu-butu.

"Yaya, ni likitan ido ne. Ba a koya mana dashen kai ba."

"Ka tambayi na gaba da kai."

Ya juya baya don kada in ga yana murmushi, amma kafaɗunsa sun tona shi.

"Ranar Juma'a a yi tuwo miyar kuɓewa," ya ce.

"Kai kaɗai za ka zo, ban da baƙon naka."

"Ni kaɗai," ya ce, ya shige ciki neman gam.