Ƙullin Daddawa a Gaban Alƙali

Goggo Ɗaso maƙwabciyarmu ce a unguwar Jarwal, cikin Makka. Da ƙafa ta zo Makka daga ƙasar Katsina, ita da mijinta Malam Zali, shekara shida suna hanya ta Chadi da Sudan. Shi ya yi ga-ruwa, ita ta yi wankau, har suka zama 'yan ƙasa, suka gina gida mai ɗaki uku. Ba su haihu ba. Bayan rasuwarsa ciwon gwiwa ya hana ta wanki, sai wani ƙaramin banki ya yi mata tayi: za a riƙa ba ta riyal saba'in duk wata muddin ranta, in ta rasu gidan ya zama nasu. Ta dangwala yatsa.

Bayan hajjin 1965 ta shigo gidanmu da takarda a naɗe cikin mayafi, don ni ke karanta wa matan layinmu Larabci. Sammaci ne, bankin ya kai ta ƙara. A yarjejeniyar akwai sharaɗin da ba wanda ya fassara mata: in ta bar gidan, ko ta ba da hayar ko da ɗaki ɗaya, bankin zai karɓe shi nan take.

Ita kuwa shekara talatin, da zarar alhazai sun fara sauka, takan naɗe tabarmarta ta hau rufin soro, ta bar wa mutanen garinsu ɗakunan. Ba ta taɓa yanka musu kuɗi ba. In za su tafi, wani ya ajiye mata kuka, wata daddawa, mai hali turmin atamfa. Wannan ne bankin ya kira haya. Ana ta rushe gidaje don faɗaɗa Harami a lokacin, filin Jarwal ya yi tsada.

Wata guda kafin zaman kotu Goggo ta rame. Ko mota ta tsaya a bakin layi sai ta dafe bango. Ran nan ta nuna mini dutsen Nakkasa, inda marasa gida ke kafa ɗakin langa-langa, ta ce gwiwoyinta ba za su kai ta ko rabinsa ba. Maƙwabta suka ba ta shawara ta rantse ba ta karɓi komai ba, tunda alhazan sun koma gida, babu shaida.

"Maimuna," ta ce da ni, "shekara shida na yi ina tafiya. In zo in rantse kan ƙarya a garin nan?"

Ni na raka ta. Wakilin bankin ya yi dogon bayani, yana buɗe takardu. Da alƙali ya tambaye ta ko baƙin sun ba ta wani abu, sai ta kwance bakin zanenta, ta ajiye ƙullin daddawa a kan tebur. Warin ya cika ɗakin. Wakilin ya toshe hanci da rawaninsa.

"Ya Hajja, mene ne wannan?" in ji alƙali.

"Allah ya gafarta Malam, hayar ke nan. Ragowar na yi miya."

Alƙali ya tambaya ko ta taɓa yin ciniki da baƙin, ta ce a'a. Ya tambayi inda ta kwana, ta ce a kan soronta. Ya yanke cewa rufin gida ma gida ne, kyauta kuma ba haya ba ce. Amma ya gargaɗe ta: ranar da aka ce kuɗi ya shiga tsakani, ko riyal ɗaya ne, ba zai iya kare ta ba. A ƙofar kotu wakilin ya gaya mata a hankali cewa hajji mai zuwa za su sa ido.

Gidan bai fita hannunta ba. Sai dai da alhazai suka sauka a shekarar da ta biyo, Goggo ta sa sakata tun da hantsi. Ina daga tagarmu na ga wasu mata uku da kaya a ka, suna sallama da Katsinanci, suna cewa an ba su sunanta tun daga gida. Sun daɗe tsaye cikin rana.

Da suka tafi na ƙwanƙwasa, na faɗi sunana sau biyu kafin ta buɗe. Tana zaune a bayan ƙofar, tabarmarta a naɗe a gefe. Ta tambaye ni da raɗa ko na ga inda suka nufa.