Yayana a Madubin Sif

Yayana a bayan kyamara ya yi furfura. Ya ɗauki attajiran fim a gidajen aro da manyan rigunan aro. Ya sha hawa Dala da inji a kafaɗa, yana haki, don kawai rana ta faɗi a bayan masoya biyu da ko gaisawa ba sa yi in an gama ɗauka. Taƙamarsa guda ce, har ta ishe mu: ko inuwarsa ba ta taɓa shiga hoto ba.

Innarmu kuwa wannan ne ciwonta. Duk fim ɗin da ya kawo mata gidanmu na Mandawari sai ta kalle shi tas, sannan ta juyo.

"To kai kana ina?"

"Inna, ai ni ke riƙe da kyamarar. Ga sunana nan a ƙarshe."

"Ni ɗa na haifa, ba rubutu ba."

In maƙwabta suka tambayi sana'arsa, sai ta ce yana dai buga-buga.

Ana haka sai yanar ido ta fara rufe mata gani. Kullum sai ta ƙara matso da tabarmarta kusa da talabijin, tana neman sa a cikin taron 'yan biki. Abin yana ba ni dariya, yana kuma ba ni tausayi.

A shekarar ne Yaya ya yi kuskuren da 'yan fim suka daɗe suna yi masa tsiya a kai. Jaruma tana rusa kuka a ɗakin wata hajiya da aka ara, sai ga ƙato a madubin sif a bayanta, da kyamara, da hularsa a karkace, ya tsaya ƙyam. Darakta bai lura ba sai da fim ya shiga kasuwa. Ya yi faɗa kamar zai ari baki, bai ƙara kiran Yaya aiki ba.

Ranar da muka saka wa Inna, hancinta har yana taɓa gilashi.

"Ga shi nan! Ga ja'irin nan! Ku kira min mutanen gida!"

Na dubi Yaya, na ce, "Kai da ko inuwarka ba ta shiga hoto?"

Bai kalle ni ba. Ya ce, "Sai da na goge madubin da hannun rigata."

Inna ta ce a maido mata wurin.